Murfin Fulas ɗin Umma

Zuwa ga Yayata abin ƙaunata,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da maigidanki da 'yan biyu da jaririyar da har yanzu a hoto kaɗai na san ta. Allah ya raya ta, ya warkar miki da ɗinkin tiyatar, ya ba mu haƙurin rashin da muka yi. Mu nan lafiya lau, sai kewa. Kawu yana zuwa kullum bayan ya ajiye motar haya, ya zauna a kujerar bakin kicin ya sha shayi. Ƙafar Gwaggo ta yi sauƙi. Ni kuma na karɓo takardar shaidar digirina ranar Litinin, tana cikin ambulan ɗinta a kan durowa, ban buɗe ba tukuna.

Yaya, na zaɓi rubutu ne domin a waya bakina ba ya iya faɗin abin da ke raina. Ranar da muka yi magana bayan rasuwar Umma kin ce ba kya son komai daga kayanta, ko zane ko ɗan kunne, sai murfin fulas ɗin nan ja da cokali mai lanƙwasasshen wuya da take awo da su. Kin ce in ajiye miki. Na ce to. Wannan to ɗin ƙarya ce, kuma yau kwana ashirin da shida tana ci na. Murfin da cokalin babu su. Ni na zubar da su da hannuna, tun Umma tana da rai. Ina roƙon ki karanta har ƙarshe kafin ki yanke mini hukunci.

Umma ta faɗi ranar Talata uku ga wata da hantsi, tana tsaye tana gurza ɗanyar citta. Ɓarin jikinta na dama ya shanye, magana ta ɗauke, kalma ɗaya ta rage mata, ita ce to. A kwana na huɗu a asibiti likita ya ce za ta iya dawowa gida nan gaba kaɗan, aka ce in je in huta. Na kasa zama. Na shiga kicin na ce bari in gyara mata shi ta dawo ta tarar da shi fes. Kin san halina, kin kuma san shekara huɗu na yi ina karantar kimiyyar abinci, ana koya mana cewa tsagaggiyar roba maɓoyar ƙwayoyin cuta ce. Murfin ya tsage a gefe, cokalin ya yi tsatsa a gindin mariƙi. Na sa su a leda tare da tsofaffin kwalabe, na sayo sabbin cokulan awo masu lamba na rataye a ƙusar da tsohon cokalin yake zama. Motar shara ta zo washegari da safe. Har ina jin daɗin kaina, Yaya. Ashe gyaran gangar auzinawa na yi.

Sai da Malama Shugaba ta kira na farga. Kin tuna ta, shugabar makarantarmu ta firamare, wadda tun muna yara ba ta yin taro sai da ƙananan boga na Umma, soyayyen curin naman nan da take sawa a tsakiyar ɗan burodi ta soke da tsinke. Za ta yi ritaya, kuma tun wata uku da suka wuce Umma ta yi mata alkawarin guda ɗari da ashirin don liyafar, ranar Asabar ashirin da ɗaya ga wata. Ta kira ne ta ce mu manta da zancen, lafiya ita ce gaba. Da na gaya wa Umma a asibiti, sai ta kama rigata da hannun hagu tana girgiza kai, har sai da na ce zan yi. Kin san ta da alkawari.

Na ɗauko littafin nan mai koren bango, wanda kika rubuta da hannunki kina 'yar shekara goma sha biyu Umma tana yi miki shifta, lokacin da ta bar aikin otal, inda tsohon kukun nan mutumin Asiya ya koya mata haɗin. Na buɗe da ƙarfin gwiwa, sai na ga abin da ke ciki. Niƙaƙƙen naman sa kilo ɗaya. Baƙin ruwan waken soya rabin murfi. Man riɗi cokali biyu. Citta da tafarnuwa cokali uku. Zuma cokali ɗaya, a karkace. Lawashi cikin murfi. Babu giram, babu mililita, daga farko har ƙarshe murfi ne da cokali. Na zauna a ƙasan kicin, na daɗe ban tashi ba. Washegari na je kasuwa da kofin awo na bi shagunan masu sayar da fulas ina gwada murafu, masu shago suna kallona kamar wadda ta zautu. Na auna goma sha ɗaya. Mafi ƙanƙanta mililita casa'in, mafi girma ɗari da tamanin. Rabin wanne zan ɗauka?

Sau bakwai na gwada, Kawu ne mai ɗanɗanawa. Na farko ya ce ko gishirin unguwar gaba ɗaya aka ba ni ajiya. Na uku ya ce da daɗi, amma daɗin littafi ne, mutum zai ci ya ƙoshi bai san wa zai gode wa ba. Ban da ɗanɗano kuma akwai wata matsalar. Kowane curi na auna shi giram arba'in daidai, na lallasa shi ya yi faɗi, amma da ya hau kasko sai ya kumbura a tsakiya kamar ƙwallo, in na ɗora shi a ɗan burodin sai kokwamba ta zame, tsinken ma ya ƙi riƙe su. Kawu ya ce in na kai wa Malama waɗannan, sai dai malamai su raba gida biyu su buga wasa. Na yi dariya, na shiga ɗaki na yi kuka.

Aka sallamo Umma ranar Laraba sha takwas ga wata. Mun sa mata gado a falo, amma ta nuna da hannu a tura kekenta zuwa kicin. Idonta ya tafi kai tsaye kan ƙusar. Ta dubi sabbin cokulan, ta dubi saman kanta inda murfin yake zama, sannan ta dube ni. Na durƙusa a gabanta na faɗa mata komai, har ranar da motar shara ta zo da lokacin. Ina jiran fushi. Sai na ga ɓarin bakinta mai motsi ya ɗaga, kafaɗarta tana rawa, ashe dariya take yi. Irin dariyar da ta yi ranar da ta laƙaba mini Sikeli, da ta kama ni ina ƙirga ƙwayoyin riɗin da ke kan burodi. Ta miƙo hannun hagu ta nuna kwalbar soya.

Haka muka yi ranar Alhamis da safe. Na ɗora kwanon nama kilo ɗaya a kan sikeli, na mayar da lambar sifili, na tallafe mata wuyan hannu, ita kuma ta zuba. Da ta tsaya na rubuta: giram sittin da takwas. Na ce mu sake da wani kwanon don in tabbatar, ya ba da saba'in da ɗaya. Na uku sittin da huɗu. Hankalina ya tashi, na fara lissafin matsakaici a gefen takarda, sai ta buge mini bayan hannu, ta tura kwanon har hancina. Naman kwano na uku ba shi da kitse kamar na biyun, ta gani tun kafin ta zuba. Na tuna ko da murfin ma wani lokaci takan mayar da ɗan kaɗan cikin kwalba, ni kuma ina ɗauka rowa ce. Muka bi sauran ɗaya bayan ɗaya, man riɗi, zuma, citta da tafarnuwa, lawashi, har ruwan lemon tsami da sukarin da take jiƙa kokwamba a ciki, da barkonon da take juyawa cikin mayonis. Duka na rubuta su a giram, gefe da gefe da rubutunki.

Da na mulmula curin farko na ajiye a faranti, ta jawo shi gabanta, ta danna babban yatsanta a tsakiya, ya bar ɗan rami. Shekara da shekaru ina ganin tana yin haka, na ɗauka sabo ne kawai na hannu, ke ma ba ki rubuta shi a littafin ba. Na ɗora a kasko, minti biyu da rabi kowane gefe. Ramin ya cike, naman ya fito a shimfiɗe, bai kumbura ba. Likita ya hana ta haɗiyar abu mai tauri, saboda haka ba ta iya ɗanɗanawa ba. Na kai mata shi kusa da fuska, ta rufe ido ta shaƙa, ta daɗe. Sai ta ce, "To, Sikeli." Yaya, kalma biyu. Kawu yana bakin ƙofa ya ji da kunnensa, ki tambaye shi. Daga nan har Allah ya karɓi abinsa ba ta ƙara faɗin kalma ta biyu ba.

Ranar Asabar da asuba ta nace sai ta taya ni. Ina aunawa ina mulmulawa, tana dannawa. Ta yi talatin da ɗaya hannun ya gaji, na ƙarasa sauran. Kawu ya kai ni da tire huɗu, muka jera su a zauren makarantar. Malama Shugaba ta ɗauki ɗaya ta ci a tsaye, ta ce in gaya wa Umma ciwo bai taɓa hannunta ba. Na ce mata gaskiya talatin da ɗaya ne kawai nata, ban kuma san ko wanda ta ci yana cikinsu ba. Ta riƙe kafaɗata ta ce ita ma ba ta sani ba, kuma ta shekara goma sha biyar tana ci. Na dawo na ba Umma labari, ta ce to. Ranar Alhamis da ta biyo baya, ƙarfe tara da kwata na safe, ciwon ya dawo. Sauran kin sani.

Ga dalilin da ya sa na samu ƙarfin rubuto miki. Shekaranjiya ina kwashe firiza na tarar da ƙaramar roba a can ƙurya. Curi ɗaya ne ɗanye, daga gwajin ranar Alhamis ɗin nan, na ajiye shi na manta. Ramin yana nan a tsakiyarsa. Nata ne, babu shakka, domin na auna: faɗinsa santimita biyu da ɗigo biyu, nawa yatsan ba ya wuce ɗaya da ɗigo bakwai. Har shatin farcenta ya fito a gefe. Na naɗe shi da leda biyu na mayar, kuma duk lokacin da aka ɗauke wuta ba na buɗe firizar ko don ruwan sanyi, Kawu kuma yana kawo ƙanƙara in abin ya daɗe.

A makaranta an koya mana niƙaƙƙen nama yana riƙe ɗanɗanonsa a firiza wata uku zuwa huɗu, bayan nan sai ya fara bushewa. Na ƙirga daga ranar da aka yi shi, saura sati goma sha ɗaya wata huɗun ya cika. Kin ce likitarki ta ce bayan sati takwas za ki iya doguwar tafiya da jaririya. Ban san yadda aikinki da na maigidanki yake ba, ba na kuma so in ɗora miki nauyi, ni da na yi laifi. Murfin da cokalin ba zan iya dawo miki da su ba, na je har inda ake juye sharar na ga ba wurin da za a nemo abu ba ne. Abin da nake da shi shi ne littafinki da lambobina a gefe, da wannan curi ɗaya. In kin yafe mini, ki zo ki gan shi da idonki kafin ya hau kasko. Kawu ya ce ya yafe rabonsa. Za mu raba shi biyu, ke za ki yanka tunda ke ce babba, kuma na yi alkawari ba zan ɗauko sikeli ba.

Ki gaishe mini da Baban 'Yan Biyu, ki ce na gode da addu'o'insa. Ki shafa mini kan 'yan biyu, ki sumbaci jaririya. Kawu da Gwaggo suna gaishe ku, Malama Shugaba ma ta ce in isar da ta'aziyyarta. Allah ya jiƙan Umma, ya haskaka makwancinta, ya haɗa fuskokinmu da alheri.

Ƙanwarki mai jiran amsarki,
Sikeli