Likkafanin Pak Gondo

Solo, 4 ga Maris

Zuwa ga yayata Mbak Lastri,

Assalamu alaikum. Ina fatan kina lafiya. Ya ƙafar taki, ya kuma tsohuwar da kike jinya a Penang? Mu nan ƙalau, sai dai ni kwana uku ke nan hankalina a tashe yake. Na zaɓi takarda don maganar ba ta waya ba ce. Kin san bangon gidana, ko tari na yi sai maƙwabta sun ce sannu.

Ɗanki Wisnu ya ja mini. A'a, bakina ne ya ja mini. Kin tuna lokacin da ya karye a babur ya yi wata biyu kwance a wurina? Ya gaji da kallon rufi, ni kuma ga surutu. Shekara ashirin da shida ina bin gidaje ina yi wa matan unguwa tausa, kuma mace in ta kifa ciki, man kwakwa ya ratsa ta, babu abin da ba ta faɗa. Ban taɓa fitar da ko ɗaya ba sai a gaban ɗanki, don kawai in ga dariyarsa. Ban kama suna ba. Na ba shi labarin wanda sai matarsa ta sa hular 'yan sanda ta busa masa usur, da na wadda ba ta sakewa da mijinta sai ya yi mata muryar mai tallan kifi. Ashe ja'irin rubutawa yake yi.

Yanzu ya haɗa labaran ya mai da su fim, wai na barkwanci a kan ma'aurata. Sauran duk da sauƙi, kunya ce kawai. Na Pak Gondo mai mayankar shanu shi ne ya tsinka mini zuciya. Shi abin da yake so, matarsa Ningsih ta naɗe shi a likkafani, ta sa masa auduga a hanci, ta zauna a kansa tana kuka tana lissafa alherinsa, sannan ya waiwaye ta a matsayin miji. In kukan bai gamsar da shi ba, gawa ta tashi ta mare ta. Ni nake shafa wa shatin yatsun nan magani. Wisnu ya mai da shi mai sayar da awaki, amma auduga da kafur da komai suna nan. Ranar da mutumin nan ya gani, zai san a bakin wa ya fito, kuma ba na jin Ningsih za ta kwana da haƙoranta.

Don Allah ki kira ɗanki. Ke yake jin maganarki.

Ƙanwarki,
Darsih

Solo, 19 ga Maris

Mbak Lastri,

Na gaishe ki, na kuma gode da kiran da kika yi masa, ko da yake bai yi amfani ba. Ya zo har gida ya sumbaci hannuna, ya ce, "Haba Inna, wa zai miƙe a cikin jama'a ya ce ni ne na cikin likkafani? An riga an gama, ba a cire komai yanzu."

Tarbiyyar da kika yi masa ce ma ta ƙarasa ni. Wai ba zai ci moriyar babba ya ɓoye sunansa ba, don haka a farkon fim ɗin ya rubuta da manyan baƙaƙe: godiya ga Bu Darsih mai tausa, wadda labaran nan nata ne. Sannan ya bi unguwa gida gida, yadda ake gayyar biki, ya gayyaci kowa kallon farko ranar Asabar mai zuwa. Mata har sun fitar da anko, atamfar batik ruwan ƙasa mai furanni, an kawo mini nawa kyauta tunda ni ce uwar taro. Kin san wa ya ɗauki nauyin bas da shinkafar da za a ci a hanya? Pak Gondo. Ya ce ɗan unguwa ya yi abin alfahari.

Ranar Talata na je yi wa Ningsih tausa, na faɗa mata. Ba ta yi kuka ba. Ta riƙe mini wuyan hannu har ya yi ja, ta ce, "Kin kashe ni, Bu Darsih. Ke kaɗai na faɗa wa a duniya." Na ce ta yi ƙaryar ciwo su fasa zuwa. Ta ce ko tana naƙuda shi sai ya je, ai bas ɗinsa ce.

Tsoro nake ji, Mbak. Ki sa mu a addu'a ranar Asabar.

Taki,
Darsih

Solo, 24 ga Maris

Mbak,

Ina gaisuwa, da fatan aikin can bai tayar miki da ƙafar ba. An yi, an gama.

Bayan azahar aka nuna. Suka zaunar da ni a layin gaba, Pak Gondo da Ningsih a bayana daidai, har ina jin numfashinsa a ƙeyata. Sunana ya fito, aka yi tafi. Aka ci dariyar mai usur, mijin Bu Warti, wanda labarin nasa ne, yana ta nutsewa a kujera. Da aka zo kan likkafani, ɗakin ya kusa tsagewa, wata har tana faɗowa ƙasa. A bayana kuwa sai na ji kujerar Pak Gondo ta yi ƙara, na ji Ningsih ta ja numfashi irin na wanda aka matse wa hannu.

Da aka kunna fitilu Wisnu ya jawo ni gaba, 'yan wasan suka durƙusa suna neman albarkata, ya miƙo mini abin magana. Wani saurayi ya ɗaga murya ya ce, "Bu, mai likkafanin nan da gaske akwai shi?" Na kalli Ningsih, fuskarta ta yi fari fat.

Mbak, sai na ji bakina yana cewa akwai shi, marigayi mijina ne, Mas Harjo. Na ce kun san shi ne yake yi wa mazan unguwa wanka da sutura in sun rasu, to aikin ne ya bi shi har ɗaki. Na ce shekara goma sha tara ina masa kuka yana raye, shi ya sa ranar da ya mutu da gaske hawayena suka ƙi zuwa. Aka kwashe da dariya, wasu tsofaffi suna salati. Mas Harjo fa, mutumin da ko harara bai taɓa yi mini ba.

Wajen shiga bas Pak Gondo ya matsa ya ba ni hanya, ya sunkuyo a hankali ya ce, "Allah ya jiƙan Pak Harjo. Ki riƙe cewa nasa ne, Bu, kada ki manta." Ban san ko ya yarda ba, ko kashedi ne. Jiya dai na hango Ningsih wurin mai kayan miya, tana tafiya a miƙe, fuskarta babu tabo. Ba ta gaishe ni ba, ni ma ban nema ba.

Da safen nan 'yata Ratri ta kira daga Semarang. Wani ya tura mata hoton bidiyon maganata. Kin san ita da 'yar Pak Gondo ba sa ɓoye wa juna komai tun suna firamare, duk abin da ta ji sai ya isa gidansa. Ta ce, "Ibu, ki ce mini wasa kike yi. Babana ba haka yake ba, ko?"

Na ce mata haka yake.

Ki yafe mini, ki kuma roƙa mini gafara wurin Allah, don ni na kasa ɗaga hannu.

Ƙanwarki,
Darsih