Rigar Misis Tebbutt

Leeds, 4 ga Oktoba

Yaya Rosalind,

Gaisuwa mai yawa. Ya gwiwar taki? Ya Clive da tumatirinsa? Ina fata sanyin New Zealand ya sake ku.

Jiya aka miƙo mini takardun wasanmu na talabijin, na buɗe shafi na tara, sai na tarar na mutu. Shekara ashirin da shida ina fitowa a Misis Tebbutt mai gidan waya, yanzu za su kashe ta a kan kujera da kofin shayi a hannu. Daraktan, wanda yake goye lokacin da na fara, har da kiran cikakken sunana yana cewa, "Philippa, mutuwar za ta yi kyau sosai." Na ce Allah ya ba shi irinta.

Ba aikin ke damuna ba, Mama ce. Kin san tun bara ba ta gane ni. In na je gidan tsofaffin nan na Whitby, kallon mai karanta mitar lantarki take yi mini. Amma da an kunna shirin sai ta gyara zama ta ce wa ma'aikatan, "Ga Pip ɗina." A cikin akwatin nan kaɗai nake 'yarta. Ina jin tsoro, Yaya. In Misis Tebbutt ta tafi, wa zai rage mata?

Ƙanwarki,
Pip

Whitby, 21 ga Nuwamba

Yayata,

Ina gaisuwa, ina fata kuna lafiya. Na mutu ranar Talata, sau shida a gaban kyamara, kafin yaron nan darakta ya gamsu.

A wurinmu mai barin shiri yakan ɗauki abu ɗaya. Na ɗauki koriyar rigar sanyin Misis Tebbutt, mai maɓalli ɗaya a cire. Tun fitowar farko ya faɗi, masu kula da kaya suka hana a ɗinka, wai kada hoton yau ya saɓa da na jiya.

Ranar Lahadi na sa ta, na ɗaure gashi, na shiga ɗakin Mama da takun Misis Tebbutt. Hazo ya rufe teku, tagar ta yi fari fat, har na rasa ko tafiya nake ko mafarki. Ta daɗe tana kallona. Can ta ce, "Pip! Sun bar ki kin fito?" Ta kamo gaban rigar. "Kullum ina ganin maɓallin nan, kunya kamar ta kashe ni. Miƙo allura, ƙazama."

Ta samo wani maɓalli ta ɗinka da jan zare. Ni kuwa ina tsaye ina kuka, tana cewa in daina motsi.

Ranar Kirsimeti za a nuna mutuwar. Na roƙi ma'aikatan su kashe talabijin, ni zan je da rigar. Kada ki damu da rashin aikina. Ina da wasa duk Lahadi, 'yar kallo ɗaya, kuma ta san sunana.

Ki gaida Clive.

Taki,
Pip