Sunanki a Bangon Littafi

Inna,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki, ko da yake na san takardar nan ba za ta iso gare ki ba. Da kina da rai ma ni za ki miƙa wa in karanta miki, kina gyara mini Hausata ta 'yan Faransa. Allah Ya kai haske kabarinki.

Gida lafiya lau. Baba yana nan Vaulx-en-Velin, gefen birnin Lyon. Tun da ya bar aikin masana'anta a Saint-Fons ya zama mai gadin na'ana'arki ta baranda, yana dura mata ruwa har tana neman ruɓewa. Ƙanwata Halima ta haihu, mace. An sa mata sunanki, saboda haka babu mai kiran ta da shi, Ummi muke cewa.

Ni kuma na kusa gama karatun da kike cewa ba ya ƙarewa. Kin tuna ranar da na gaya miki ina bincike ne a kan matan Lyon na ɗaruruwan shekaru da suka wuce, waɗanda suka rubuta littattafai suka kuma riƙe maɗaba'a? Kika yi dariya, kika ce ashe gulmar matattu aka tura ni jami'a in yi. To, gulmar ce ta biyo da ni ta kanki.

A Paris akwai ɗakin ajiyar tsofaffin littattafai, inda ake kawo wa mutum littafi bisa ɗan matashi kamar jariri. A can na riƙe wani ƙaramin littafin addu'o'i. A bangonsa an rubuta cewa matar marigayi wane ce ta buga shi. Ita ta riƙe maɗaba'ar, ita ta gyara kurakurai, amma sunanta babu. Wata uku na yi ina tonon takardun aure kafin in samo shi. Ranar da na samu na fito ina murna, sai a cikin jirgin komawa Lyon kunya ta rufe ni. Ni da nake nemo sunan baƙuwa, ai da hannuna na ɓoye naki.

Ina da shekara goma sha biyar lokacin. Waƙoƙin begen Annabi da kike ƙirƙira kina tuƙin tuwo sun bazu, matan unguwa suna rera su a wajen suna da walima. Baba ya rubuta su da ajami, ni na mayar da su boko a kwamfutar lekol, wato makarantarmu, muka kai shagon fotokopi a unguwar La Guillotière. Mai shagon ya tambayi sunan da za a sa a bango. Baba ya sunkuyar da kai, don miji ba ya faɗin sunan matarsa a gaban mutane. Ni kuma bakina bai taɓa furta sunanki ba. Na ɗauki biro na rubuta na Baba, don kawai mu bar wurin.

Da muka dawo kika juya littafin, kika tambaye ni abin da aka rubuta a sama. Na faɗa. Kika ce madalla, kika koma kan tukunyarki. Ya yi miki zafi, Inna? Ko kin ji daɗin sutura ne? Ban taɓa tambaya ba, kuma wannan shirun ya fi komai damuna. Ki yafe mini.

Tun daga nan ake kiran Baba Malam mai waƙa. Bai taɓa amsawa ba, bai kuma taɓa musawa ba. Matan da suka ji waƙoƙin daga bakinki suna ta raguwa. In Hajiya Falmata ƙawarki ta tafi, wa zai shaida cewa naki ne?

Shi ya sa na tari Baba bayan Juma'a, na ce ina so a sake buga littafin da sunanki. Kin san halina, na shirya masa hujjoji kamar zan tsaya gaban malaman jami'a. Bai bar ni na kai ta biyu ba, ya tashi ya tafi wajen na'ana'arsa. Mako guda ya wuce, har na fid da rai.

Ran Asabar sai ya kira ni, ya ce in same shi a La Guillotière. Shagon yana nan, mai shi ya yi furfura. Ya yi mana tambayar nan dai ta dā. Na kai hannu ga biro, Baba ya riƙe mini hannu. Ya yi gyaran murya, a gaban mutum biyar da ke jiran layi, ya ce Rakiya Mahaman. Ya ƙara da cewa ta Damagaram, wai kada a ɗauka wata ce. Sai ya fita waje ya tsaya yana kallon tiram, jirgin ƙasan nan na cikin gari, kamar bai taɓa ganin sa ba. Ban taɓa jin sunanki a bakinsa ba sai ranar.

An buga, Inna. Malamata ta ce za a ajiye kwafi a ɗakin karatu na jami'a. Na kuma ware wa Ummi ɗaya, in ta girma ta ga inda ta samo sunanta. Babu wadda za ta sake yin wata uku tana neman ki.

Ki huta lafiya. Allah Ya sada mu a Aljanna.

Ɗiyarki ta fari, wadda ke ma ba ki taɓa kiran sunanta ba,
Mariama