Rediyon da Ya Ji Kiran Inna

Unguwar Zariya, daren Talata, 12 ga Mayu

Barci ya ƙi zuwa. Da safe a lise, sakandaren da nake koyarwa, na koya wa ɗalibai yadda salula ke aika igiyoyin da ido ba ya gani zuwa ga antan, wato dogon ƙarfen sabis, shi ya sa rediyon da ke kusa da ita yake tit-tirit kafin kira ya shigo. Har dariya na yi wa masu cewa aljanu ne.

Haka rediyonmu ke yi kullum bayan la'asar, lokacin da Inna ke kirana daga Tsibiri. Tun da ta rasu ban sake jinsa a wannan lokacin ba, sai yau. Matata Rabi ta aje tiren shinkafar da take tsinta, ta ce, "Malam, ga kiran Inna."

Na ce kar ta fara, salula takan gaisa da antan ko babu mai kira. Na laluba aljihu in nuna mata, sai na tuna tawa na wajen mai caji. Rabi kuwa ba ta da ita.

Salula ɗaya ce a ɗakin, ta Inna, cikin kwallar kayanta ta ƙarfe mai murfi da rediyon ke bisa. Ni na cire mata batir ranar sadakar uku. Kuma igiya ba ta ratsa rufaffen ƙarfe, wannan ma na koyar.

Gobe bayan la'asar ban sani ba ko kashe rediyon zan yi, ko zama kusa da shi.