Ranar da Baba Ya Kira Sunana

Springfield, Virginia
13 ga Janairu, 1986

Zuwa ga Baba Dalyop,

Ina neman afuwa tun daga farko da na yi ƙarfin halin rubuto maka, ni da ko gaishe ka nake yi ba na iya ɗaga kai. Ni ce Sailuba, babbar 'yar abokinka Muntaka. Bayan gaisuwa mai yawa da ban girma, ina fata kana lafiya, da Mama Constance da aikin asibiti. Da waya zan buga, to wayarmu a falo take, kuma Baba ya ce kwanan nan kada kowa ya yi doguwar magana a cikinta.

Na san ka ji abin da ake ciki a gida. Tun watan jiya rediyo ke faɗin an kama hafsoshi bisa zargin shirya juyin mulki, da yawansu sojojin sama. Wasu a cikinsu Baba ne ya koya musu tuƙin jirgi a Kaduna kafin a turo shi ofishin jakadanci. Yanzu an ce ya koma Legas ya yi bayani. Ranar Juma'a ta makon gobe zai tashi. Mu dai cewa yake yi tafiyar aiki ce. Na yarda da hakan har zuwa Asabar ɗin da ta wuce.

Ranar ya tashe mu da wuri, ya ce ya yankar mana tikitin yawon buɗe ido. Umma ta ce, “Bakin teku a wannan sanyin? Wa ya aike mu?” Ya ce ta ɗauko fulas kawai. A gaban wani otal cikin Washington muka hau bas. Ban da mu huɗu, sai wasu tsofaffin Turawa masu hular soja. Mai yi mana jagora wani dattijo ne, Mista Jerome, mai yawan barkwanci. Da ya ji Baba matuƙin jirgi ne sai ya sara masa, kowa ya yi dariya. Baba bai yi ba.

Mun ƙetare wata doguwar gada ta kan ruwa, hazo ya rufe ɗaya gefen har kamar gadar a iska ta ƙare. Daga nan gonaki ne shimfiɗe, ba ganye ba kowa, har muka isa wani tsohon filin jirgi na lokacin yaƙin duniya na biyu. Ciyawa ta tsaga titin jirgin. A cikin rumfar akwai ƙaramin jirgi ruwan ɗorawa, da hotunan samari a bango. Mista Jerome ya ce daga nan suke tashi su zaga teku suna neman jiragen ƙarƙashin ruwa na Jamus, da inji guda, in ya mutu sai ruwa. Ƙanwata Hannatu ta tambaye shi da Turancinta ko akwai banɗaki a jirgin, aka sake dariya. Sai Baba ya ɗaga hannu kamar ɗan makaranta.

“Wanda ya san injinsa ba lafiya, yana iya ƙin tashi?”

Mista Jerome ya ce, “Sosai ma, yallaɓai. Sai dai jirgin ba zai kwana a ƙasa ba. Wani yaro za a sa a ciki.”

Baba ya gyaɗa kai, ya daɗe yana kallon hotunan.

Da rana aka kai mu bakin teku. Akwai wasu dogayen hasumiyoyin siminti a cikin yashi, masu siraran tagogi, inda sojoji ke hangen abokan gaba a da. Ruwan launin toka ne, iska kamar za ta cire mayafi. An bari mu hau ɗaya. Ina tsaye a baya kamar kullum, Baba yana bakin taga da madubin hangen nesa. Sai na ji ya ce, “Sailuba, zo ki ga teku.”

Baba Dalyop, ka san al'adarmu. Ni ce ta fari. Tunda nake ban taɓa jin sunana a bakin Baba ba. “Ke” yake cewa, ko “yarinyar nan.” Umma kuma “Yayar Hannatu.” Bara da malamarmu ta tambaye shi sunan 'yarsa, takarda ya nuna mata da yatsa, ta zaci Turanci ne ba ya ji. Amma ranar ya faɗe shi sarai, a gaban mutane. Murfin fulas ya suɓuce wa Umma, muka ji yana gangara matakala har ƙasa. Na je na karɓi madubin, ban ga komai ba. Ya ce, “Can ƙetare gida ne.”

Mutumin da ke da niyyar dawowa ba zai yi haka ba. Na san kun daɗe ba ku zama tare, ban san dalili ba, kuma ba hurumina ba ne. Amma kai kaɗai na taɓa ji ka ce masa “ƙarya kake” ya yi dariya. Don Allah ka zo ka hana shi tafiya.

Ka yafe mini tsawon takardar. A gaida Mama Constance.

'Yarka,
Sailuba Muntaka

Bowie, Maryland
17 ga Janairu, 1986

Ɗiyata Sailuba,

Na gaishe ki, Mamanki Constance tana gaishe ki, ta ce rubutunki ya fi na likitocin asibitinsu gaba ɗaya. Ki daina ba ni haƙuri. Ranar sunanki ni na riƙe ragon, ubanki kuwa ya ɓuya a bayan gareji wai yana gyaran babur, don kada a ce yana murna. Babur ɗin lafiyarsa ƙalau.

Abin da ya raba mu ba asiri ba ne. Ni na ajiye kaki na zauna a nan, shi yana ganin wanda ya yi rantsuwa ba ya ajiyewa. Shi ke nan.

Na karanta takardarki a tsaye, ban cire kwat ba na koma mota. Na tare ubanki a inda yake ajiye mota kusa da ofishinsu. Da ya gan ni ya ce, “Arne, me ya fito da kai a sanyi?” Na ce, “Malam Dogo, zuwa na yi in ga mahaukaci.” Haka muke tun muna kurata, kada ki damu. Muka zauna a motata da hita a kunne har gilashi ya yi gumi.

Na gaya masa komai. Na ce akwai ɗaki a gidana, akwai lauya ɗan cocinmu da ya san hanyar neman mafaka. Na ce irin wannan kotun ba ta tambayar mutum me ya yi, sai dai da wa ya sha shayi. Ya rantse mini bai san komai ba, kuma na yarda, don Muntaka ko satar amsa bai iya ba. Amma ya ce akwai yaransa biyu da ya koya wa tuƙin jirgi a tsare, Maitama da Auwalu, waɗanda laifinsu kawai an ga suna ziyartar wani babban hafsa da ake zargi, kuma shi ne ya aike su gaisuwa. Ya ce in malaminsu ya gudu, an gama da su. Na yi masa ihu, na zage shi da yarenmu na Birom. Ya bari na gama, sannan ya ce in riƙa leƙa ku.

Ban gaya masa kin rubuto ba. Amma ɗiyata, ni na kasa, kuma uwarki ta riga ta yi nata kukan. Saura ke. Ba ki taɓa roƙonsa ko alewa ba, na sani. Shi ya fara karya kunyar nan a kan hasumiya, to ke ma ki karya taki. Ki tsaya a gabansa ki faɗa da bakinki. Ban ce zai ji ba. Na ce kada ki girma kina cewa da na faɗa.

Muna addu'a safe da yamma. Ubangiji ya tsare.

Babanki,
Dalyop

Springfield, Virginia
21 ga Janairu, 1986

Zuwa ga Baba Dalyop,

Bayan gaisuwa da godiya mai yawa, takardarka ta same ni. Na yi abin da ka ce.

Jiya ba makaranta. Da hantsi Baba ya fita kwashe ƙanƙara daga ƙofar gareji. Na daɗe ina kallonsa ta tagar kicin, har Umma ta miƙo mini kofin shayi ba ta dube ni ba, ta ce, “Kai masa.” Na fita ba safar hannu. Na durƙusa na ba shi, amma ban tashi na tafi ba kamar yadda na saba. Ya dubi shayin, ya dube ni.

Na ce, “Baba, kada ka tafi.”

Muryata ta fito kamar ta Hannatu. Ya kafa shebur a ƙanƙara ya ce, “Wannan arnen ne ya turo ki ko?” Ka yi haƙuri, haka ya faɗa, kuma da murmushi. Na ce ni na fara zuwa wurinka. Ya ce ashe na girma.

Bai yi faɗa ba. Da ya yi, da ya fi mini sauƙi. Ya ce in tashi daga ƙanƙara. Ya tambaye ni ko na tuna Maitama, wanda ya taɓa goya ni a wuya ranar wasan jirage a Kaduna na yi masa amai a hula. Na ce na tuna. Ya ce matarsa na da ciki. Sannan ya ce, “Kin ji abin da tsohon nan ya faɗa a rumfar jirgi. Jirgin ba zai kwana a ƙasa ba.”

Duk abin da na shirya ya gudu. Sai na ji bakina ya ce, “To in dole ne, Baba, ka janye.”

“In janye me?”

“Sunana. Kada ka sake faɗa. Ka bar shi sai ka dawo, ko ka dawo ma ba sai ka faɗa ba. Na fi son ‘ke’.”

Ya juya mini baya ya ɗauki shebur. Na ga kafaɗarsa tana motsi, ban san ko dariya ce ba. Can ya ce, “Ke, yarinyar nan, shiga gida kafin yatsunki su zube.” Na shiga da gudu. Ban taɓa jin daɗin kalma kamar wannan ba.

Amma akwatinsa yana nan a bakin ƙofa. Ya goge takalmansa, ya nuna wa Umma inda ake kashe ruwan gidan in bututu ya fashe. Yau da safe wata baƙar mota ta daɗe a ƙarshen layinmu da inji a kunne. Umma ta ce ta maƙwabta ce. Ba ta maƙwabta ba ce.

Ya ce ba ya son rakiya, motar ofis za ta kai shi. Ina ganin in kai ne ba zai hana ba.

'Yarka mai biyayya,
Sailuba

Bowie, Maryland
25 ga Janairu, 1986

Ɗiyata,

Na kai shi har ƙofar shiga jirgi, na kori direban ofis. Bai waiwayo ba, amma haka yake tun da can. Kin yi abin da ni soja na kasa, kin sa ya yi alkawari, ko da bai kira shi alkawari ba. Constance za ta zo ranar Lahadi bayan coci da tuwon acca. Ku ci, ko ba ku so.

Babanki,
Dalyop

Springfield, Virginia
10 ga Fabrairu, 1986

Zuwa ga Baba Dalyop,

Gaisuwa da ban girma. Akwai abin da ban iya faɗa ba da kuka zo.

Baba ya bugo waya sau ɗaya, washegarin saukarsa, kafin ya je hedikwata. Umma ta gaya maka wannan. Abin da ba ta faɗa ba shi ne, bayan ya yi magana da ita da Hannatu, ya nemi a ba ni. Ina tsaye a ƙofar falo, ban ji abin da ya ce ba. Na dai ga Umma ta runtse ido, ta miƙo mini ta ce, “Ga Babanku.” Na kara a kunne na yi sallama. Ba kowa, sai wata ƙara kamar ta ruwan nan da muka gani daga hasumiya. Layin ya yanke. Umma ta shiga kicin ta buɗe famfo, ta bar shi yana zuba.

Tun daga ranar ba labari. A ofishinsu cewa suke yana hutu. Rediyo ta ce kotu ta fara zama, ba ta faɗi duk sunaye ba.

Ban tambayi Umma yadda ya neme ni ba, ko “yarinyar nan” ya ce, ko ɗayan. Ita ma ba ta faɗin sunana, don haka in ta yi shiru na ji amsa. Kullum in na dawo makaranta sai in ce yau zan tambaya, sai in wuce ɗaki.

Ba ni da wanda zan gaya wa irin wannan sai kai. In ba zan dame ka ba, ina neman izini in sake rubuto maka ranar da na iya tambayarta.

'Yarka,
Sailuba