Goran Haruna a Majigi

Kalgo, 3 ga Maris, 1956

Zuwa ga Yaya Kubura,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya ke da yara. Bayan haka, na yi ɓarna. Wata huɗu ina ɗaukar hoton wata dorina da ɗanta, su kaɗai suka rage a gulbinmu, kuma ban gaya wa kowa inda suke ba. Da aka haska majigin a kasuwa, sai ga goran kamun kifi na Haruna masunci rataye a bakin ruwa, da shaidar gidansu a jiki. Ni ban ma lura ba. Kowa ya gane wurin. Mafarauta za su je ranar Laraba, kowa da mashinsa. Tsoro nake ji, Yaya.

Ƙanenki,
Jibrin

Gwandu, 5 ga Maris

Jibrin,

Bayan gaisuwa, takardarka ta hana ni cin tuwo. Na san halinka tun kana ɓoye 'yan tsaki kada a yanka. To, dorina ba kaza ba ce! Mai ɗa ce kuma. Ka manta yadda anka kawo mana gawar Kawu Isa cikin tabarma, da dorina ta kashe shi? Ita ba ta san kana sonta ba. Don Allah, don darajar iyayenmu, kada ka shiga ruwan nan. Ka hau mota ka taho gida.

Allah shi tsare min kai.
Kubura

Kalgo, 6 ga Maris

Yaya,

Ina gaisuwa. Na roƙi mafarautan, dariya suka yi mini. Abu ɗaya ya rage: gobe da hantsi in riga su zuwa, in kore ta da kaina da bugun garwa, ta bar wurin kafin su iso. Sai na matsa kusa da ita ƙwarai. Ban daina jin tsoro ba. Ki yafe mini.

Jibrin

Kalgo, 12 ga Maris

Yaya,

Gaisuwa. Kada rubutun ya firgita ki, na Haruna ne, ni nake faɗa masa. Ina da rai. Dorinar ta kife kwalekwalen da nake ciki, na'urar ɗaukar hoton ta nutse, hannuna na dama kuma likita ya ce sai haƙuri. Da mafarautan suka iso, ni kaɗai suka tarar a cikin laka. Ta tafi da ɗanta.

Na ga inda ta nufa. Kada ki tambaye ni, Yaya. Haruna ma ya ɗago kai yana kallona, amma shi ma ba zan gaya masa ba.

Ki huta lafiya.
Jibrin