Bapu Ba Ya Ci Sai An Yi Rehras

Litinin, 4 ga Nuwamba
Kwana uku da dawo da Bapu, mahaifina, daga asibiti. Ɓarin dama ya shanye, baki ba magana. Da rana yana ci, da yamma sai ya datse haƙora, ga maganin yamma sai da abinci a ciki. Matata Kulwant ta ce, "Yau ka san ubanka? Bai taɓa kai loma baki ba sai ya yi Rehras." Addu'ar faɗuwar rana. Rabona da ita tun ranar da na aske gashina, abin da addininmu ya hana, shekara goma sha tara.

Talata, 5 ga Nuwamba
Na kunna masa addu'ar a waya. Ya kau da kai.

Laraba, 6 ga Nuwamba
Na rufe gareji da wuri. Na kankare baƙin mai daga hannu, na rufe kai da gyalen Kulwant, na karanta daga ƙaramin littafinta ina tuntuɓe kamar ɗan aji ɗaya. Da na gama sai ya daki gado da hagu. Bai ci ba. Na faɗa masa maganar da ba zan rubuta ba.

Juma'a, 8 ga Nuwamba
Ya rame. Ba zai mutu a hannuna don taurin kai ba. Ai a wurinsa na gada.

Asabar, 9 ga Nuwamba
Baba Ajaib, abokinsa tun yarinta, ya saurari karatuna. Dariya har rawani ya karkace. "Ja'iri, gajeriyar kake masa! Ubanka wurin Nihang, dakarun addini masu shuɗin rawani, ya koya, mai tsawon yake yi. Ka ba mutum rabin gurasa, kana jiran ya yi gyatsa?" Ya aiko da nasa littafin, a naɗe cikin ƙyalle.

Lahadi, 10 ga Nuwamba
Doguwa ce, har maƙogwarona ya bushe. A tsakiya leɓɓansa suka fara motsi, suna riga ni. Gurasa biyu da miyar wake, ya haɗiyi magani. Na je wajen ɓaunar da muke kiwo na yi kukana.

Alhamis, 21 ga Nuwamba
Yayata ta tafi da shi gidanta a garin Moga, sati biyu, don a riƙa motsa masa ƙafa. Na ba ta littafin Baba Ajaib. Na huta.

Rana ta faɗi, Kulwant ta kawo abinci. Na ce ta rufe tukuna, hannuna da mai. Ta dubi hannun, fes yake. Ta miƙo min gyalen.